Saniyar Da Ta Faɗi, Hasarar Wa Ce?

Yau muna so mu yi magana a kan wani abu da kowa ya sani amma ba a cika faɗinsa a fili ba, domin ya taɓa aljihu, ya kuma taɓa sana'ar da iyayenmu suka bar mana. To, ranar wanka ba a ɓoyon cibi.

Ga abin. Saniya ta kwana lafiya lau, da safe a ga ta daina tuƙa, tana rawar jiki, tana nishi, kafin a ce mene ne wannan ta faɗi. Nan da nan sai ka ji an ɗaga murya, "A kawo wuƙa! Kada ta yi mushe!" A yanka ta tana shure-shure, a feɗe, a sayar da naman da araha, ko a raba wa maƙwabta bashi sai ran da suka samu. Mai ita ya ce alhamdu lillahi, ko ba kome an tsira da wani abu. Wannan al'ada tana nan a ruga, tana nan a kara, tana nan a bisa hanyar da a ke kawo shanu daga arewa. Abin da mu ke so mu ce shi ne, gaggawar kawo wuƙan nan ita ce babbar ƙofar da ciwon saifa ke bi ya bar dabba ya shiga mutum. Wa'azi kaɗai kuwa ba zai rufe ƙofar ba, sai ran da muka yarda hasarar saniyar da ta faɗi ta zama ta jama'a duka, a daina barin mai ita shi kaɗai da ita.

Ba tatsuniya mu ke yi ba. A farkon watan Yuni na 2023 aka tabbatar da ɓullar ciwon nan a jihar Upper East, wadda Bolgatanga ke babban birninta. Dabbobi suka mutu, mutane suka kwanta, mutum ɗaya ya rasu a gundumar Binduri. Hukumar jihar ta hana yanka da ciniki da kai da kawon shanu da tumaki da awaki har wata guda. Ku tuna Babbar Salla ta shekaran nan ta faɗo ran 28 ga Yuni, watau an rufe kara daidai lokacin da dillali da mahauci ke sa ran samun abin da zai kai su shekara. Labarin bai tsaya a Gana ba. Cikin watan nan Gwamnatin Nijeriya ta gargaɗi mutanenta game da cin ganda da banda saboda abin da ya faru a arewacin ƙasarmu, a watan Yuli kuma ita ma ta sami nata a wata gona kusa da Suleja.

Wani zai ce, ina ruwanmu da Binduri, mu da mu ke Kumasi da Ankara? Ruwanmu kuwa babba. Shanun da mu ke yankawa daga can su ke fitowa, daga Bawku da Bolga da Paga, da Burkina Faso da Mali da Nijar. A da sai an yi makonni ana kora su a ƙasa, mai ciwo ta mutu a daji tun ba ta ga kurmi ba. Yanzu mota ke kawo su cikin kwana ɗaya ko biyu, ciwon kuwa ya kan yi kwana 3 zuwa 7 a ɓoye cikin jikin dabba kafin ya nuna. Ashe saniya tana iya hawa mota da ƙafarta a Bawku, ta zo ta faɗi a ƙofar gidanmu. Sa'an nan kowa ya sani fawa a ƙasan nan galibi a hannun mutanen zango ta ke tun kaka da kakanni. Mu ne dillalai, mu ne masu masaukin fataken shanu, mu ne mahauta. Yaranmu ke fiɗa, matanmu ke wanke kayan ciki, mu ke gasa tsiren da mutanen ƙasa ke kira cicinga. In ciwon ya zo, hannunmu zai fara taɓawa, sunanmu kuma zai fara ɓatawa.

Bari mu faɗi ko mene ne ciwon. Likitoci suna kiransa antaraks. Makiyaya suka sa masa ciwon saifa domin in an buɗe dabbar da ya kashe, a kan tarar saifarta ta kumbura ƙwarai, ta yi baƙi, ta yi laushi kamar za ta narke. Wata ƙwayar cuta ce ke kawo shi, wadda ido ba ya gani sai da madubin likita. Wani likita Bajamushe, Robert Koch, shi ya tabbatar da haka a 1876. Ƙwayan nan tana da wata dabara wadda ba kowace ƙwayar cuta ke da ita ba. Muddin tana cikin jinin dabba rarrauna ce, in aka bar gawar a rufe ba a tsaga ba, ruɓa kaɗai ta kan kashe mafi yawanta cikin 'yan kwanaki. Amma da zarar jinin ya fito ya sha iska, sai ta yi wa kanta ɓawo mai tauri, ta zama kamar iri, ta kwanta cikin ƙasa. Zafin rani bai dame ta ba, fari bai dame ta ba, tana iya shekara ashirin, talatin, har fiye, tana jira. Wata rana saniya ta zo kiwo, ciyawa ta yi gajarta, ta haɗa da ƙasa ta haɗiye, shi ke nan an koma gidan jiya. Shi ya sa ciwon ya fi tashi a ƙarshen rani da farkon damina, sa'ad da dabba ke kiwo baki a ƙasa, ruwan sama kuma ya tono abin da ke binne ya tara shi a fadama da kududdufi.

Don ku san iyakar taurin ran irin nan, ga misali daga Turai. A 1942, lokacin yaƙin Hitila, Turawan Ingila suka gwada shi don makami a wani ɗan tsibiri na Sikotlan mai suna Gruinard. Tumakin da aka ɗaure a wurin suka mutu cikin kwanaki. Tsibirin ya zauna a rufe, ba mai shiga, sai da aka bi ƙasarsa da magani mai ƙarfi a 1986, sa'an nan aka buɗe shi a 1990. Shekara 48 ke nan. To, duk wurin da aka feɗe saniya mai ciwon saifa jini ya kwarara, an yi wa 'ya'ya da jikoki shuka irin wannan.

Alamunsa a jikin dabba ba su da wuyar ganewa. Babbar alama ita ce mutuwar farat ɗaya. Sau da yawa a kan ga jini baƙi kamar kwalta yana fita ta hanci da baki da dubura, jinin kuwa ba ya daskarewa. Gawar ta kan kumbura da sauri, ba ta kuma sanƙarewa kamar sauran gawa. Amma ba kowace dabba ke nuna alamun duka ba. Saboda haka kowace dabbar da ta faɗi farat ɗaya, a ɗauke ta mai ciwon saifa ce har likitan dabbobi ya ce a'a. Shi kuwa ba ya bukatar fiɗa, ɗigon jini daga kunne ya ishe shi ya duba.

Ta hanya uku ciwon ke shiga mutum. Ta fari, wadda ta fi yawa nesa ba kusa ba, ita ce ta fata. Ƙwayar ta kan shiga ta wata 'yar yanka ko ƙujewa, wane mahauci ne kuwa hannunsa ba shi da yanka? Cikin kwana 1 zuwa 7 sai wani ɗan ƙurji ya fito kamar cizon sauro, yana ƙaiƙayi, ya ɗuri ruwa, ya fashe, tsakiyarsa ta yi baƙi ƙirin kamar gawayi, gefe ya kumbura. Yaudararsa ita ce ba ya zafi, mutum ya ce ai maruru ne, ya ɗaure da tsumma ya koma bakin aiki. In ba a yi magani ba, wajen mutum ɗaya cikin biyar na iya mutuwa. In an je asibiti da wuri, da wuya a rasa rai.

Hanya ta biyu ita ce ta ciki, ga wanda ya ci naman. Shi ya kan zo da zazzaɓi da amai da murɗar ciki da zawo da jini, ko wuya da maƙogwaro su kumbura har haɗiya ta gagara. In ba magani, fiye da rabi ke mutuwa. Ta uku ita ce ta huhu, ga wanda ya shaƙi ƙurar busasshiyar fata ko gashin dabba. Ita ta fi ƙaranci, ita kuma ta fi kisa. Ta kashe masu tsintar ulu a masaƙun Bradford ta Ingila a ƙarni na 19. A 2006 ma wani mai ɗaure ganguna a New York ya kamu da ita daga fatun da ya kawo daga Kwaddibuwa. Majema da dukawa da masu ɗaure kalangu su ji wannan da kyau, gama fatar da aka saye da araha ba a san abin da ya kashe mai ita ba.

Abu biyu ne za su kwantar mana da rai. Ciwon ba ya yaɗuwa daga mutum zuwa mutum kamar mura ko ƙyanda, saboda haka kada a guji majinyaci. Maganinsa kuma yana nan a asibiti, penisilin da 'yan'uwansa suna kashe shi in an fara da wuri. Sai dai wanda ya je ya gaya wa likita gaskiya, ya ce na feɗe dabbar da ta faɗi, ko na ci namanta. In ya ɓoye, likita zai yi ta neman zazzaɓin cizon sauro har lokaci ya ƙure.

Yanzu sai mu saurari abin da 'yan'uwanmu ke cewa, gama ba wawaye ba ne, kowace magana tasu tana da inda ta dogara.

Waɗansu su kan ce, ai an cim mata da rai, an yanka da sunan Allah, ta halatta. Hukuncin yankan dabbar da ta kusa mutuwa na malamai ne, ba mu da bakin da za mu sa a ciki. Abin da muka sani shi ne, yanka yana raba nama da mushe, amma ƙwayar cuta tana nan inda ta ke. Wuƙar ma ita ce ke buɗe wa jinin hanya ya sha iska. Muna kuma roƙon malamanmu su tuna wa jama'a hukuncin wanda ya ɓoye aibin haja ya sayar, da na wanda ya ciyar da maƙwabcinsa abin da shi kansa ya ke shakka.

Waɗansu su ce wuta tana kashe kome. Dahuwa mai kyau tana rage haɗari, wannan gaskiya ne. Amma irin nan mai ɓawo ba ya mutuwa da gashin tsire, balle shanyar kilishi ko hayaƙin banda. Ban da haka, kafin nama ya shiga tukunya hannu nawa ya bi? Mai yanka, da mai fiɗa, da yaron da ya ɗauka a kafaɗa, da matar da ta wanke tumbi da hanji, da yarinyar da aka aika ta yayyanka. Duk waɗannan sun gama taɓawa tun ba a hura wuta ba.

Waɗansu su ce, mun sha cin irin naman nan, ba abin da ya same mu. Mun yarda. Yawancin dabbobin da ke faɗuwa wani abu ne dabam ke kashe su, kamar harbin daji, ko kumburin ciki, ko cin leda, ko wahalar mota. Amma da ido ba ka iya rarrabewa, balle a cikin gaggawa ana ihun a kawo wuƙa. Wanda ya ci sau tara ya tsira bai san na goma ba, wanda kuwa zai kwanta a na goman wataƙila ɗansa ne ƙarami.

Waɗansu kuma su ce, in mun kai rahoto Gwamnati za ta rufe mana kara. Wannan tsoro yana da dalili, mun ga abin da ya faru a 2023. Amma a duba da kyau. Saniyar da aka kai rahotonta tun tana kwance a rufe, garke ɗaya a ke tsarewa a yi wa allura. Wadda aka feɗe a ɓoye nama ya watsu, ba a jin labarinta sai mutane sun kwanta a asibiti, sa'an nan ne hukuma ke rufe jiha duka, gama ba ta san iyakar inda naman ya kai ba.

Duk waɗannan amsoshi gaskiya ne, amma ba su kai ga tushen maganar ba. Tushenta kuɗi ne. Mu da mu ke zaune a ofis muna jiran ƙarshen wata, da sauƙi mu ce a ƙone saniya. Ga mai ita, saniyan nan ita ce bankinsa, ita ce sadakin ɗansa, ita ce kuɗin makarantar yara. Wani ma ba tasa ba ce, bashi ya karɓa a hannun baƙo, mai masauki ya tsaya masa. Yanzu mu ce masa ya bar ta, ya kira likita, ya sayi itace, ya biya masu haƙa rami, ya koma gida hannu wofi, dukkan wannan don lafiyar mutanen da ba za su ko ce masa sannu ba. Mutum nawa ne za su iya? Lafiyar ta jama'a ce, hasarar kuwa an ɗora wa mutum ɗaya. Muddin lissafin ya zauna haka, za a yi ta kiran wuƙa, kome yawan takardun gargaɗin da aka manna a bangon mayanka.

Ga shawararmu. A kowane zango mai kara ko mayanka a kafa asusun dabbar da ta faɗi, a ƙarƙashin Sarkin Fawa da shugaban dillalai, da sanin Sarkin Zango. Wannan ba baƙon abu ba ne gare mu. Muna yin adashi, muna tara gudummawar biki da suna, in an yi rasuwa kafin la'asar an haɗa kuɗin likkafani. Abin da mu ke yi bayan mutuwa shi mu ke so a yi kafin ta zo.

Mu yi lissafi na misali. A ce ƙungiya tana yanka ko sayar da shanu 200 a mako, a ce kowace saniya a ajiye mata sidi 10. Sidi 2,000 ke nan a mako, 104,000 a shekara. A ce kuɗin saniya sidi 10,000 ne, asusu kuma yana biyan kashi biyu cikin uku. Kuɗin shekara ɗaya zai ɗauki hasarar shanu wajen 15. Kowane zango ya sa nasa adadin bisa ga ƙarfinsa, amma ga shi kun gani, abin da zai karya mutum ɗaya ba ya ko girgiza jama'a. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Sai dai asusu ba ya zama sai da sharuɗɗa. Na fari, ba a biyan kowa sai gawar tana rufe, wuƙa ba ta taɓa ta ba, an kuma kira likitan dabbobi ya gani da idonsa. Na biyu, abin da za a biya ya fi abin da mutum zai samu in ya sayar da naman a ɓoye, amma kada ya kai cikakken kuɗin dabbar, don kada wani ya sayo raguwa da gangan. Na uku, asusu ne zai sayi itace ya biya masu haƙa. Na huɗu, wanda aka kama ya feɗe dabbar da ta faɗi a ɓoye, Sarkin Fawa ya ci shi tara, ya kuma hana shi teburi na wani lokaci, kome kusancinsa da manya. Mun san za a ce kuɗin jama'a ya kan ɓace a aljihun mutum ɗaya, mun kuma ga an yi. Maganin wannan sananne ne: rasit ga kowane kwabo, ajiya a banki da sa hannun mutum uku, a kuma karanta littafin kuɗi a gaban kowa ƙarshen kowane wata. Muna da 'ya'yan da suka yi karatun akawu, a sa su aiki.

Asusu na bayan faɗuwa ne. Abin da ke hana faɗuwar ita ce allurar rigakafi. Louis Pasteur ya gwada ta a bainar jama'a a Faransa a 1881. Ya raba tumaki kashi biyu, ya yi wa kashi ɗaya allura, sa'an nan ya sa wa duka cutar. Waɗanda aka yi wa suka tsira, waɗanda ba a yi wa ba suka mutu. Wadda a ke amfani da ita yanzu wani likitan dabbobi ne, Max Sterne, ya fitar da ita a Afirka ta Kudu cikin shekarun 1930. A ƙasarmu ɗakin binciken dabbobi na Pong-Tamale, wanda ke nan tun zamanin Turawa, shi aka sani da haɗa ta. Sau ɗaya a ke yi a shekara, kafin ruwa ya sauka, kuɗinta kuwa ba a ko gwada shi da kuɗin saniya. Dabbar da aka yi wa ba a yanka ta nan da nan, sai an bar ta kwanakin da likita ya faɗa.

Tsofaffinmu sun tuna bushiya, wadda ke share garke ƙaf. Da allura aka yaƙe ta har aka yi shelar ƙarewarta daga duniya a 2011. Ciwon saifa ba zai ƙare haka ba, gama shi a ƙasa ya ke kwana, saboda haka allurarsa ba ta da ranar dainawa. Ƙasar Zimbabuwe ta ga abin da ke faruwa in an daina. Tsakanin 1978 da 1980, sa'ad da yaƙin neman 'yanci ya hana ma'aikatan dabbobi shiga ƙauyuka, shanu suka yi ta mutuwa, mutane suna fiɗa suna ci. Fiye da mutum 10,000 suka kamu, sama da 180 suka mutu.

Makiyayin da ke arewa ba ɗan ƙungiyarmu ba ne, amma bakinmu yana kai gare shi. Mai masauki da dillali su ne ke tsakanin baƙo da mahauci. In suka fara tambayar takardar allura da ta likitan kan iyaka kafin su karɓi shanu, suka kuma sa wa mai takarda ɗan ƙarin daraja, labarin zai isa ruga tun kafin sanarwar Gwamnati ta isa. Makiyayi yana iya gudun ma'aikaci don tsoron ƙirga da haraji, amma ba ya gudun mai sayen shanunsa.

Ran da dabba ta faɗi, ga abin yi. Kada a yanka, kada a feɗe, kada a ja ta zuwa wani wuri. A rufe ta da tamfol ko ƙaya don kare da angulu, gama su ma fiɗa su ke yi. A kore sauran dabbobi daga wurin, a aika a kira likitan dabbobi. In ya ce ciwon ne, a ƙone ta a inda ta ke har ta zama toka, wannan ya fi. In itace ya gagara, a binne ta cikin rami mai zurfin ƙafa 6 ko fiye, nesa da rijiya da hanyar ruwa, tare da ƙasar da jini ya taɓa, a shinge wurin. Duk wanda ya riga ya taɓa ta ya wanke hannu da sabulu, ya tafi asibiti ran nan, kada ya jira ƙurji.

Iyayenmu mata, ku ma kuna da hannu a cikin gyaran nan, gama ku ke cefane. Naman da aka biyo da shi gida da magariba a rabin kuɗi, ba hatimin mai duba nama, a tambayi inda ya fito. Haka gandar da a ke kira wele. Araha ba ta ado. Masu layya kuma, ragon da ya kwanta kafin ranar Salla kada a ce a yi maza a yanka shi don kada a yi hasara, a kira mai sani ya duba.

Ga Gwamnati muna da roƙo biyu. A riƙa yin allura kowace shekara a wuraren da aka san ciwon na tashi, kada a jira sai an yi gawa. A kuma sa wani abu na diyya ga talakan da ya kai rahoton dabbarsa. Amma ba za mu naɗe hannu muna jiran wannan ba. Kakanninmu da suka taho daga Kano da Katsina da Sakkwato ta hanyar Salaga ba su sami wurin zama a ƙasan nan da ƙarfi ba, da amana suka samu. Mutanen ƙasa, Musulmi da wanda ba Musulmi ba, suna cin naman da muka yanka ba tare da tambaya ba, domin sun yarda da hannunmu. Wake ɗaya ke ɓata gari. Ran da aka ce yaran wani gida sun mutu da naman mutanen zango, ba za a tambayi sunan mahaucin ba, dukanmu za a kira.

Saboda haka muna roƙon Sarkin Fawa da shugabannin dillalai da masu masauki su sa maganar asusun nan a taronsu na gaba, tun rani bai ƙare ba. Limamai su taimaka da tunatarwa ran Jumma'a. Wanda kuma ya ga kuskure a lissafinmu, ko ya ke da dabarar da ta fi tamu, ya rubuto, shafin nan na kowa ne.

Allah ya kiyaye mu da dukiyarmu, ya sa albarka a sana'armu, ya ba marasa lafiya sauƙi. Amin.